Makaɗi Ba Ya Riga Manomi Tsayawa

"Umma, su wa ke dariya a cikin kiɗan Kaka?"

Zaituna ce ta tambaye ni, tana zaune a bakin ƙofa da musajjal, wato rakoda, a cinyarta, ni kuma ina wanke shinkafa. Shekarunta shida. Kullum in na sa mata kasetin nan nakan tsaya kusa, da na ji an zo wani wuri sai in danna in kashe, in ce mata batir ne ya yi sanyi. Ran nan hannuna na cikin ruwa, ita kuma ashe ta riga ta gane inda ake dannawa.

Na ce mata mutane ne. Ta ce ai ta san mutane ne, ba awaki ba. Abin da take son ji shi ne me Kaka ya yi na ban dariya.

Na karɓe musajjal ɗin da jiƙaƙƙen hannu na ɗora a saman akwati, na ce ta je ta tsince mini albasa. Amsar ba ta yarinya ba ce. Ku manya zan ba.

Mahaifina, Na'ibi, makaɗin noma ne. Ubansa ma haka, kakansa ma haka. Wanda aka haifa a nan Jidda bai san gayya ba, don haka bari in faɗa yadda Baba ya faɗa mini. Samarin gari ne ke jeruwa a bakin gonar mutum ɗaya, kowa da garmarsa, makaɗi na bin su a baya da ganga rataye a kafaɗa. Kowane manomi da takensa, wato kiɗan da yake nasa shi kaɗai, wanda ganga ke kiran sunansa da na ubansa da na garinsu. In mutum ya ji takensa, sai ya manta da rana, ya manta da ƙishirwa.

Gidanmu yana da doka biyu. Ta farko, gangar noma ba ta magana sai akwai wanda ya duƙa a kan aiki. Ba a kaɗa ta a biki, ba a kaɗa ta don nishaɗi. Ta biyu, makaɗi ba ya riga manomi tsayawa. Muddin bayan mutum na duƙe, gula ba ta sauka, kuma ba a sauya take. In gula ta faɗi alhali manomi bai ɗago ba, gangar gidan ta mutu. Mai ita zai sa wuƙa ya farke fatar da kansa, kuma babu wanda zai sake ɗaure ta a zuriyar. Baba ya ce tun da aka kafa gidansu ba a taɓa yi ba.

Su uku suka bar Tungar Maje ta ƙasar Zamfara da ƙafa, da niyyar hajji: Baba, da Innata A'i, da ƙaninsa Baffa Rafi'u mai buga ƙaramar ganga. Sun yi shekaru a hanya. A gonakin auduga na Sudan aka haifi Yaya Othman, a can aka haife ni, ina goye aka ƙetare da ni ruwa. Da suka sauke farali suka zauna a unguwar Karantina ta Jidda, Baba ya duba gabas ya duba yamma, babu gona, sai gishiri da yashi. Ya rataye gangar ya kama talla.

Wata rana ya je bakin teku ya ga mutanenmu 'yan dako sun duƙa ƙarƙashin buhunan shinkafa, suna sauke jirgi. Ya taɓa Baffa ya ce ga manoma nan, gonar ce kawai ba su da ita. Washegari suka je da ganguna. Kafin su babu wanda ya taɓa yi wa 'yan dako kiɗan noma, mutane ma dariya suka fara yi. Amma da Baba ya tambayi wani ɗan Gobir sunan ubansa ya kaɗa masa, mutumin ya ɗauki buhu biyu yana kuka. Tun daga ranar, jirgin da gidan Na'ibi ke yi wa kiɗa shi ke fara zama fanko. Inna ba ta zuwa bakin teku, tuwo take sayarwa a ƙofar gida, amma ita ke tsara kalmomin. Mutum zai zauna cin tuwo, ta tambaye shi garinsu da abin da ya bari a can, kafin ya wanke hannu ta ba Baba takensa.

Duk wannan ya wuce kafin in yi aure. Inna ta rasu, Baffa ya bi ta. Aka kawo injinan ɗaga kaya, aka sa ƙofa da masu gadi, aka ce ba a shiga da ganga. Ta koma jikin bango a ɗakin Baba, naɗe da zanen Inna. Yaya Othman bai koya ba. Tun yana yaro ya jefar da gula don 'yan makaranta na ce masa ɗan maroƙi, ya girma ya zama direba a gidan wani attajiri. Ni kuwa mace ce, ko ƙura ba na share wa gangar. Baba ya tsufa, jininsa na hawa, hannunsa na rawa in ya ɗauki kofin shayi. Take fiye da yadda zan iya ƙirgawa suna cikin kansa, kuma babu inda suke sai can.

Ni ba mai yawan mafarki ba ce. Na ga abin da ke tafe, na ce a yi dabara. Da mijina Idris, wanda tela ne, ya sayo tsohon musajjal a kasuwa, na kai wa Baba na ce ya kaɗa mu ɗauka, ko don Zaituna. Ya yi dariya ya tambaye ni wa zai duƙa. Idris, da yake mai son zaman lafiya ne, ya ɗauki tsintsiya ya duƙa a kan siminti. Baba ya ce masa ya tashi, shi ba ya yi wa ganga ba'a.

Sai na sa mayafi na bi gidajen 'ya'yan 'yan dakon nan, a unguwannin Mahjar da Madain Fahd. Abin da nake roƙo kaɗan ne: mutum ya zo ya ɗauki buhu ɗaya daga ƙofa zuwa ɗaki, Baba ya kaɗa masa taken ubansa. Wani ya ba ni shayi da dabino, ya ce na yi ɓatan kai, ubansa ɗan kasuwa ne, bai taɓa dako ba. Ni kuwa na san ƙoƙon da ubansa ke shan fura da shi a gidanmu. Wani ya amsa mini da Larabci daga farko har ƙarshe, kamar bai taɓa jin Hausa ba. Wata ta ja ni zaure ta ce don Allah kada in sake ambaton sunan ƙauyen nan a gaban 'ya'yanta. Na dawo gida ƙafata ta kumbura, ban samo baya ko ɗaya ba.

Ana nan sai Yaya Othman ya zo yana fara'a, abin da ya daɗe bai yi ba a gidanmu. Ya ce Saleh, ɗan maigidansa, yana tara kiɗe-kiɗen da, yana da babban inji da ya sayo daga waje, kuma yana son ya adana na Baba kafin ya ɓace. Abin da ya fi, suna da gona a hanyar Makka, da rijiya, da ƙasa ta gaske, da fartanyoyi. Ya ce ya ba Saleh labarin gidanmu duka, tafiyar ƙasa da bakin teku da dokokin nan biyu, Saleh har ya buga cinya ya ce irin wannan ba ya barin duniya. Ranar ce na fara jin Yaya ya ce "gidanmu" bakinsa bai yi nauyi ba.

Na kafa sharuɗɗana. Da safe za a yi, kafin rana ta ɗaga. Zan bi su da magani da ruwa. Take biyu ko uku, a huta. Yaya ya ce halas, duk an yarda.

Kwana biyu Baba yana shanya gangar a rana yana shafa mata mai, yana ja mata igiya, yana kai kunne. Ranar tafiya ya sa tsohon warkinsa a ƙarƙashin riga. Ya tsokani Zaituna, lokacin tana shekara huɗu, ya ce amarya yau mijinki zai yi magana duniya ta ji. Ta ce ita ba ta son miji mara haƙori. Ya ce ai ganga ba da haƙori ake kaɗa ta ba. Ta yi kuka sai ta bi mu, na hana, na bar ta wurin ubanta. Gidan da ban sani ba ba na kai 'yata.

Da muka isa, Baba bai gaida kowa ba sai da ya durƙusa ya damƙi ƙasa ya kai hanci. An yi ban ruwa da asuba, tana da danshi. Ya daɗe a haka. Saleh ya fito ya sumbaci kansa, yana ya ammi, ya ammi, wato baffana da Larabci, saurayi ne mai ladabi da taushin hannu. An shimfiɗa darduma a ƙarƙashin rumfa, abokansa sun kai goma sha wani abu, duk cikin fararen riguna, ga shayi ga taba. Ni aka kai ni ɗakin girki wurin wata tsohuwa mai dafa musu abinci. Tagar ɗakin na kallon gonar.

Baba ya tambayi inda manoman suke. Saleh ya ce ya ba leburori hutu, abokansa ne ke son su gwada da kansu, don girmamawa. Baba ya dubi hannayensu. Wani siriri ya tattare rigarsa ya ɗauki fartanya ya duƙa. Shi ba shi da take, don haka Baba ya fara da taken baƙo, wanda ake yi wa mutumin da ya zo wucewa ya sa hannu a gayya. Shi ne mafi gajarta, mafi sauƙi a cikin duk abin da ya sani. Da shi ake buɗe fage kafin a shiga kiɗa na gaske.

Ban taɓa jin gangar nan a fili ba, sai a labari. Da gula ta sauka, na ji ta a cikin haƙarƙarina. Hannun da ke zubar da shayi ya tsaya cak kamar na saurayi. Tsohuwar nan ta bar tukunya ta zo ta tsaya a bayana. Baba na tafe a hankali bayan yaron, yana kiran kirari da murya mai kauri da ban san yana da ita ba har yanzu. Na rufe baki da mayafi. Na ce a raina Alhamdulillahi, an samu.

Ba a jima ba siririn ya gaji, ya dafa ƙugu zai miƙe. Sai wani mai jiki, mai agogon zinariya, ya daka masa tsawa da Larabci ya ce kada ya tashi, bari su ga ko gaskiya direba ya faɗa. Ya ruga ya ɗauki wata fartanya ya duƙa, sannan siririn ya ɗago. Rumfar ta ɗauki dariya.

Nan ne nake kashe wa Zaituna musajjal.

Suka mai da shi layi. Kafin wannan ya ɗago, wancan ya duƙa. Ko noman ma suka daina. Mutum zai duƙa ya dogara da ƙotar fartanya, taba na bakinsa, yana hira da na rumfa ta tsakanin ƙafafunsa. Wani aka kai masa shayi yana duƙe, yana kurɓa suna tafi. Saleh yakan ce halas ya shabab, wato ya isa haka samari, yana share hawayen dariya, sai ya juya ya duba injinsa. Baba ya yi shekara ashirin a bakin teku, babu kalmar da suka faɗa da bai ji ba. Bai dubi rumfa ba ko sau ɗaya. Idonsa na kan bayan da ke gabansa, gula na tafiya, taken baƙo, taken baƙo, taken baƙo.

Rana ta ɗago ta cinye inuwar dabino. Na ga rigarsa ta manne a baya. Ya bar kirarin, don maƙogwaro ya bushe, saura ganga kawai. Na leƙa ta taga na kira Yaya Othman, wanda ke tsaye jikin mota.

"Yaya, je ka ce su ɗago."

"Wasa suke. Yanzu za su gaji."

"Su goma sha ne, shi ɗaya. Kai ka gaya musu dokar?"

"Na faɗa ne don su san darajarsa."

"To je ka gaya musu ubanka ne."

Ya dubi makullin motar da ke hannunsa. "Iƙamata, takardar zamana a ƙasar nan, a hannun uban Saleh take, Rahamatu. Da ta 'ya'yana."

Duk da haka ya je. Na gan shi ya sunkuya yana yi wa Saleh raɗa. Saleh ya dafa kafaɗarsa yana murmushi, ya miƙa masa butar shayi. Yayana ya karɓa. Ya bi su ɗaya bayan ɗaya yana zuba musu.

Tsohuwar ta riƙe mini hannu ta ce kada in fita, maza ne. Na fizge. Na ja mayafi na ratsa ta gaban rumfar, na shiga gonar da takalmina. Su biyu ne a duƙe lokacin. Na warce fartanya daga hannun na kusa, ya miƙe don mamaki. Na duƙa na sari ƙasa sau uku, na ɗago na fuskanci mahaifina. Na ce Baba, ni na karɓi kuyyar nan, kuma ga shi na ɗago.

Leɓensa ya tsage, idonsa ya yi ja. Gula ba ta tsaya ba.

"Koma ciki, Auta. Mace ba ta cikin gayya."

Ya nuna mini ɗayan da haɓa. Mai agogon zinariya ne, ya ƙara duƙawa har kansa na neman taɓa ƙasa. Na je gabansa na roƙe shi da Larabci, na haɗa shi da Allah, na haɗa shi da mahaifiyarsa. Yana kallon ƙafafuna ya ce shi ba mugu ba ne, tsohon ya buɗe baki ya ce ya gaji, nan take zai tashi. Na san Baba zai mutu bai faɗa ba. Na kama wuyan rigarsa na ɗago shi da ƙarfi. Kafin ya miƙe, biyu sun fito daga rumfa da gudu sun duƙa, ɗaya ko fartanya bai ɗauka ba. Na nufi wannan, wancan ya duƙa. Wasan ya fi na da daɗi. Wani har ya kwanta a darduma yana riƙe ciki.

Yaya Othman ne ya kama damtsena ya ja ni har ɗakin girki, yana cewa na ja masa, na ja masa. Ya rufe ƙofa ta waje. Na yi ihu ta taga na ce lokacin salla ya yi. Wani ya duba agogo ya ce da saura.

Sauran na gani ta taga. Kiɗan ya fara ɗingishi. Bugu ɗaya ya riƙa faɗuwa a tsakiya, Baba ya riƙa cike gurbin da tafin hagu. Igiyar gangar ta ci kafaɗarsa har rigar ta yi ja. Ya daina tafiya, ya buɗe ƙafafu ya tsaya wuri ɗaya. Dariyar ma ta ragu, sun fara gundura, wasu na tambayar ko abinci ya nuna. Da sun gundura da wuri kaɗan, da yanzu wani labari nake ba ku.

Gula ta zame daga yatsunsa ta faɗa cikin jiƙaƙƙiyar ƙasa. Ko ƙara ba ta yi ba.

Wanda ke duƙe ya ɗan ƙara jira don kowa ya shaida, sannan ya miƙe yana miƙa, yana cewa bayansa ya kusa karyewa. Suka yi tafi. Da gaske suka yi tafin, abin da har yau ban gane ba ke nan. Saleh ya zo ya sake sumbatar kan Baba ya ce zaki ne, ya sa aka kawo masa sabuwar farar riga a naɗe. Baba na tsaye, hannun dama na lilo, gefen bakinsa ya zube, yana kallon gula. Yaya ya sunkuya zai ɗauka, Baba ya ce ya bar ta. Tana can har yau, in ba su yi wuta da ita ba.

Da aka buɗe mini ƙofa na bi ta gaban injin. Zaren kasetin da ke ciki ya daɗe da ƙarewa. Babu wanda ya tuna ya juya shi.

Na ce a wuce asibiti, Baba ya ce gida. A gida ya zauna a tsakar ɗaki ya ce in kawo wuƙa. Na kawo masa ta yanka albasa, wadda ta dakushe. Ya juya ta ya ce ba wannan ba, ta nama. Na durƙusa na yi masa magana irin wadda ban taɓa yi masa ba. Na ce waɗannan ba manoma ba ne, ko kuyya ɗaya ba su tayar ba, doka ba ta hau kansa ba, ko kakanninsa aka tasa za su faɗi haka.

Maganarsa ta riga ta fara nauyi, amma na ji. "Tun da na ɗaga musu gula na karɓe su a manoma. In kuskure ne, a farko na yi shi."

Hannun hagu kaɗai ke aiki, gangar na mirginawa. Ya ce Othman ya riƙe masa. Yayana ya durƙusa ya rungume ta da hannu biyu. Rabonsa da taɓa ta tun yana ɗan makaranta. Fatar ta sha mai da rana kwana biyu, tana a ɗaure tam, don haka da wuƙa ta shiga sai ta yi ƙara ɗaya mai ƙarfi, Zaituna ta firgita a tsakar gida ta fashe da kuka. Daga nan ya yarda aka kai shi asibiti. Suka ce ɓarin jiki ne ya shanye.

Bayan mako Saleh ya aiko da kaset da kwalin lemu, da gaisuwa mai yawa. Ban san wa ya fara kwafa ba. Idris ne ya fara jin sa a wurin mai shayi, an rubuta a jikinsa da Larabci: Takaruni da ba ya gajiya. Takaruni shi ne sunan da Larabawa ke kiran mutanenmu. Labarin ya bi kasetin har Karantina. Da Baba ya samu ƙarfin jan ƙafa zuwa masallaci, yaran unguwa suka riƙa tsayawa a gabansa su duƙa, su ɗaga gindi sama, suna leƙensa ta ƙarƙashin hammata suna jira. Na fita da muciya na kore su, na je gidajen iyayensu. Cikinsu akwai jikokin waɗanda Inna ta tsara wa take. Iyayen suka ce yara ne. Mutumin nan da ya ba ni shayi da dabino, an ce mini yana da kasetin a motarsa, yana sa wa abokansa.

Baba ya daina fita. Na riƙa zama kusa da shi da rana ina tsefe wa Zaituna kai, in ce Baba, ya ma taken wane yake, ko da baki ka faɗa mini. Yakan juya fuska bango. Sau ɗaya ya amsa, ya ce ganga ta mutu, me zan yi da muryar gawa. Bai kai hajjin shekarar ba. Yaya Othman har yanzu yana tuƙi a gidan, an ma ƙara masa girma, shi ke kai matan gidan kasuwa.

Idris ya ce in ƙona kasetin. Na ƙi. Farkonsa, gwargwadon abin da ruwan shayi zai tafasa, babu kowa a ciki sai Baba da gangarsa da ƙarar fartanya a jiƙaƙƙiyar ƙasa. Daga Tungar Maje zuwa bakin teku, da Inna da Baffa da duk waɗanda suka riga su, abin da ya rage ke nan, kuma taken baƙo ne. Shi nake sa wa 'yata.

Ranar da ta yi mini tambayar nan, bayan mun ci abinci ina shanya, na ji ana kiɗa a bayan ɗaki. Zaituna ce ta kifa bokiti tana bugawa da cokali. Taken baƙo ne, daidai, ko ni na ji tsigar jikina ta tashi. Na tsaya da jiƙaƙƙen zane a hannu. Ta yi ta yi, sai ta fara rage gudu. Ta bar bugu ɗaya ya faɗi a tsakiya, ta cike da tafin hagu. Ashe ba ranar ta fara wuce inda nake kashewa ba. Da ta zo nan sai ta ɗaga kai ta ƙyalƙyale da dariya.

Na tambaye ta me take wa dariya. Ta ce ai nan ne ake yi.

Ban dake ta ba. Na shiga ɗaki na sauko da kasetin, na kwance shi da bakin almakashin Idris, na nemo daidai wurin da mai agogo ya buɗe baki, na datse. Na liƙe bakin zaren da jan farce na mayar. Ragowar, mai tsawo, na dunƙule shi na cusa ta cikin tsagar gangar, na mai da zanen Inna na rufe. Yanzu kasetin gidanmu gajere ne. Na garin ba ni da almakashin da zai kai gare su.

Kai da ke karanta wannan, in akwai tsoho a gidanku da ya rage shi kaɗai da abin da ya sani, kada ka kai shi gaban waɗanda ba su taɓa duƙawa don ci ba, ko da sun sumbaci kansa, ko da injinsu ya fi naka. Kada ka gaya wa baƙo dokar gidanku don ya ga girmanku. Kuma in ka shiga mota a Jidda direba ya sa kasetin wata ganga da ba ta tsayawa, mutane na dariya a bayanta, ka riƙe bakinka ka ce a kashe. Mai yiwuwa matar da ke kujerar baya da yarinya a cinya ni ce, kuma wannan karon babu wanda zai rufe ni a ɗakin girki.